Sunan da ke kan Mita

Ranar da ma'aikatan kamfanin wuta suka shigo layinmu a Barunde cikin azumi ne, rana ta take, kowa ya lafe a ɗaki yana jiran la'asar. Motarsu ta tsaya a ƙofar gidan Alhaji Yuguda, suka sauke tsani, da ɗan sanda a biye da su. Ba su yi dogon nema ba. Ɗaya ya hau, ya leƙa bayan mitar da ke jikin bangon zaure, sai ya yi dariya ya yafito ɗan uwansa. Wata jar waya ce mai kauri aka ɗauko tun kafin wuta ta shiga mita, aka kewaye da ita, ta nutse cikin bango. Abin da ake kira baifas ke nan, a yi ta shan wuta mita ba ta sani ba.

A layin nan babu wanda bai san inda jar wayar ta nufa ba. Bayan bangon sashen Alhaji ne, mai esi, na'urar sanyaya ɗaki, a falo da ɗakin kwana, ga firizojin da matarsa Hajiya Su'ad ke daskarar da ƙanƙara a ciki. Da azumi tun daga Bolari 'yan sari ke zuwa da kuloli suna layi a ƙofarta. Mu mun sani, amma ma'aikatan ba su gani ba. Da suka nemi shiga su bi wayar, sai Dada, mahaifiyar Alhaji, ta fito bakin zaure da carbi a hannu.

Ta ce, "Gidan matan aure ne, ba a shiga. Maigidan yana ofis."

Suka dubi juna, suka dubi tsohuwa mai azumi, suka fasa. Suka ɗauki hoton mita da ɗan guntun wayar da ke waje, suka datse ta, suka ɓalle mitar. Sannan shugabansu ya duba sunan da lambar mitar ta nuna masa, ya ɗaga murya.

"Wace ce Safiyyatu Ɗayyabu?"

Saukarta ke nan daga keke, ta dawo daga makarantar da take koyarwa a Federal Low-Cost, da jakar littattafan yara a kafaɗa. Ta ce, "Ni ce, lafiya?"

Yadda sunanta ya hau mitar ba wani dogon labari ba ne. Lokacin da ake raba mitoci Alhaji ya ce shi ba shi da lokacin bin layi, ita ta je da katinta na ɗan ƙasa tunda hanyarta ce. Matar ƙaninsa ce, marigayi Ɗayyabu, tana zaune a ɗakuna biyu na can ƙuryar gida da 'yarta Najeeba. Ɗakunanta da na Dada su kaɗai ke bi ta mita, ita ce kuma ke sayen kati daga albashinta. Wato a duk gidan nan, mutum ɗaya tilo da ke biyan kuɗin wuta ita aka tsayar a jikin bango aka ɗauki hotonta riƙe da mita, ita aka saka a bayan mota.

Gab da shan ruwa Alhaji ya isa ofishin 'yan sanda, babbar riga ta sha guga, turare na tashi. Ya karɓi belinta cikin sauƙi, har yana ce wa jami'in, "Matar ƙanina ce, marainiya take riƙe da ita, ka san halin rayuwa." Safiyyatu ta ɗago ta dube shi. Shi kuwa yana can yana gyara zaman hula.

A mota ta yi ta maza ta ce, "Yaya, me ka gaya musu ke nan? Ni ko fitila ban taɓa canjawa da hannuna ba."

Ya ce, "Kwantar da hankalinki. Suna ne kawai a takarda. Ki bar mini komai."

Kafin su iso gida har Bobbo mai gyaran wuta ya zo ya tafi. Ya zare sauran wayar ta ciki, ya cike ramin da siminti. Da simintin ya bushe aka kawo masu fenti suka shafe bangon zauren gaba ɗaya, Alhaji yana gaya wa duk wanda ya wuce cewa fentin salla ne. Gidan da ya yi shekara da shekaru bai ga fenti ba, sai ga shi ya fi kowane gida a layin ƙyalli.

Hoton kuwa bai tsaya a wayar ma'aikata ba. Kafin gari ya waye ya zagaye Gombe, ita da wasu mutum biyar, an rubuta a ƙasa: waɗanda aka kama da satar wuta. Hijabinta ruwan toka da kowa ya san ta da shi, fuskarta a firgice. Da ta shiga aji da safe, wani yaro a bencin baya ya ce a hankali, "Malama ɓarauniyar wuta," ajin ya ƙyalƙyale. Ba ta dake shi ba, ba ta ko tambayi wane ne ba. Ta juya ga allo tana rubutu, alli na karyewa a hannunta.

Shugaban makarantar, Malam Titus, ya kira ta ofis. Mutumin kirki ne, shi ya ɗauke ta aiki, kuma ranar ya kasa haɗa ido da ita.

Ya ce, "Malama Safiyyatu, ni na san ki. Amma iyaye sun dame ni da waya tun asuba. Ki zauna a gida har kotu ta gama. Idan ta wanke ki, ajinki na nan, ba zan ba kowa ba. Idan kuma ta ce kin yi, kin san ba zan iya tsayar da ke gaban yaran mutane ba."

Ta ce, "Ban yi ba, Malam."

"To ki je ki faɗa musu haka." Ya ba ta lambar wata lauya 'yar cocinsu, Barista Olivia, wadda ke tsaya wa marasa ƙarfi ba tare da ta karɓi komai ba.

Ofishin Barista Olivia ɗan ɗaki ne a saman wani shago a Bolari, ƙarar masu walda na shigowa ta taga. Ta saurari Safiyyatu har ƙarshe, ta duba hotunan da masu ƙara suka haɗa, sai ta ajiye su ta jingina da kujera.

Ta ce, "Shi ke nan abin da suke da shi? Malama, ki saurare ni da kyau. Suna a kan mita ba ya nuna hannun da ya yi aiki. Wannan laifi ne ake tuhumar ki da shi, ba bashi ba. Su ne za su nuna wa kotu cewa ke kika haɗa wayar, ko ke kika sa aka haɗa, ko kin sani kina shan wutar. Kuma sai sun nuna har alƙali ya rasa wani kokwanto. Hoton nan ya nuna waya ta shiga bango. Ina ta fita? Babu wanda ya bi ta."

"Dada ce ta hana su shiga."

"To kin gani. Ke dai ki ce ba ki aikata ba, ki yi shiru, sauran nawa ne. Zan nemi kotu ta taso ta zo gidan da kanta, a ga ɗakinki, a ga bangon, a ga abin da ke bayansa. Sabon siminti ba ya ɓuya ko an shafa masa fenti." Ta ɗaga yatsa. "Abu ɗaya zan roƙe ki. Kada ki amsa. Ranar da kika ce kin yi, ba sa buƙatar hoto, ba sa buƙatar shaida. Bakinki ya ba su abin da suka rasa."

Safiyyatu ta sauko daga benen nan da sauƙi a ƙirjinta, har ta tsaya ta sayi dabino. Kuskurenta ɗaya, da ta koma gida ta gaya wa Dada duk abin da lauyar ta ce, tana zaton albishir ta kawo.

Bayan sallar la'asar aka aiko Najeeba ta kira ta falon Alhaji. Janareto na ruri a tsakar gida, esi na hurawa, ita kuwa tun ranar da aka ɓalle mita ɗakinta ko fanka babu. Ta zauna a ƙasa kusa da ƙofa. Dada na kan darduma, Alhaji na kan kujera yana karkaɗa ƙafa.

Ya ce, "Na ji wai za ki kawo mana kotu cikin gida."

"Yaya, ba ni zan kawo ba. Lauya ce ta ce..."

"Lauya! Ita ta san me ake kira gida? Maza su shigo har ɗakin matata suna leƙe-leƙe, a gaban mahaifiyata?" Ya sassauta murya, don Alhaji ya iya sassauta murya idan yana son abu. "Safiyyatu, ki yi tunani. Ni ma'aikacin gwamnati ne, saura ƙiris a ba ni darakta. Idan sunana ya shiga maganar nan, aikin ya tafi. In na faɗi, wa zai riƙe gidan nan? Wa zai kai Najeeba jami'a? Ke kuwa mace ce, mai marainiya, ba ki taɓa laifi ba. Ki amsa, a yanka tara, in biya a take, kafin azahar kina gida."

"Aikina fa? Malam Titus ya ce in kotu ta ce na yi..."

Ya yi dariya. "Wannan har aiki ne? Makarantar kuɗi da ake biyan ki abin da bai kai kuɗin man motata ba? Ni zan sama miki aikin gwamnati, mai fansho. Na yi miki alkawari a gaban Dada."

Ta ce, "Sunana fa, Yaya? Yara suna ce mini ɓarauniya."

Nan Dada ta sa baki. "Useni, don Allah, Safiyyatu, ki taimake ni. Biyu na haifa, ƙasa ta rufe ɗaya, wannan ne ya rage mini. Tun da Ɗayyabu ya rasu wa ya taɓa ce miki ki tashi? Mun riƙe ki kamar 'ya. Yau ɗaya mun nemi ki rufa mana asiri."

Safiyyatu ta so ta ce rabon Ɗayyabu na cikin gidan nan, ba alfarma ake yi mata ba. Ta so ta ce kuɗin ƙanƙara ba a taɓa sam mata ko na sabulu ba. Amma wa ke faɗa wa surukarsa haka, da azumi a baki? Ta ce a ba ta lokaci ta yi shawara.

Lokacin da aka ba ta, ni dai ban ga abin da ya bambanta shi da horo ba. Kwanon buɗa baki da Hajiya Su'ad ke aikowa ya daina zuwa. Famfon tsakar gida aka sa masa kwaɗo, wai yara na ɓarnar ruwa, alhali ba wasu yara a gidan. Safiyyatu ta koma sayen ruwa wurin 'yan garuwa, ga albashi ya tsaya. In ta gaida Dada da safe, sai tsohuwa ta kau da kai ta ci gaba da jan carbi. Zafin Gombe na watan nan kuwa ba sai an ba ka labari ba, ita da Najeeba suna kwance a tabarma suna fifita da kwali, suna jin esi na ɗigar da ruwa a bayan tagar Alhaji.

Sai kuma masu ba da haƙuri suka fara sintiri. Dattawan layi suka zo suka ce maganar gida a gida ake kashe ta. Wata goggon Alhaji ta taso tun daga Kumo don ta tambaye ta ko so take Najeeba ta rasa mijin aure, a ce uwarta ce ta kai ɗan'uwan ubanta gidan yari. Babu wanda ya tsallaka ya ce wa Alhaji ya fito ya faɗi gaskiya. Duk masu wa'azin haƙurin nan ƙofa ɗaya suka sani, ta ƙuryar gida.

Ta kira yayanta a Dukku. Ya ji ta har ƙarshe, ya yi ajiyar zuciya, ya ce, "Safiya, kin san ɗakuna biyu gare ni, mu tara ne a ciki. In suka kore ki ina zan sa ki? Ki bi su a hankali."

Abin da ya karya ta ba yunwa ba ce, ba kuma zafi ba. Wata rana da hantsi Najeeba ta shigo idanunta jawur, ta ce, "Umma, Bappa Alhaji ya ce maganar jami'a a dakata tukuna, sai ya ga yadda kes ɗin nan ya ƙare." Yarinyar da ta kwana biyu tana karatun jarrabawa da hasken tocilan. Safiyyatu ta tashi ta ɗauki buta ta zaga bayan ɗaki, a can ta yi kukanta.

Ranar shari'a Alhaji da kansa ya kai ta, har da buɗe mata ƙofar mota. Barista Olivia na jiran ta a baranda, da fara'arta. Tana ganin fuskar Safiyyatu fara'ar ta ɗauke.

Ta jawo ta gefe ta ce, "Malama, me suka yi miki? Dube ni. Please, kada ki yi abin da nake tunani."

"Barista, ke in an tashi gidanki za ki koma. Ni gidansu zan koma."

"Ki ba ni yau kawai. Yau ɗaya."

Safiyyatu ta zare hannunta a hankali.

Kotun cike take da masu irin laifinta, masu walda, masu injin niƙa, da wani mai gidan burodi. Aka kira sunanta, ta tsaya. Magatakarda ya karanta tuhuma da Turanci, aka fassara mata: cewa ita, Safiyyatu Ɗayyabu, ta kewaye mita da gangan ta sha wuta ba bisa ƙa'ida ba. Mai gabatar da ƙara yana ta juya 'yan takardunsa yana waiwayen ƙofa, kamar mai jiran baƙon da ya san ba zai zo ba.

Alƙalin dattijo ne mai farin gilashi. Ya ce, "Kin ji abin da ake tuhumar ki da shi. Kin aikata ko ba ki aikata ba?"

Ta waiwaya. Alhaji na bencin baya, ya harɗe hannuwa a ƙirji.

Ta ce, "Na aikata."

Alƙali ya cire gilashinsa ya dube ta sosai. Ya dubi hoton jar wayar, mai kaurin da za ta ɗauki injin niƙa, ya sake duban 'yar siririyar matar da ke gabansa. Ya ce, "Baiwar Allah, me kike kunnawa a ɗakinki?"

"Fanka da fitila, ranka ya daɗe. Sai dutsen guga."

"Kin fahimci abin da kika amsa? Wani ya tilasta miki? Kina da damar ki ce ba ki yi ba, su kawo hujjarsu."

Wallahi ƙofa ce dattijon nan ya buɗe mata har bango. Barista Olivia ta miƙe tsaye, bakinta na motsi ba sauti. Safiyyatu ta ga Najeeba a ranta, da tocilan, da littafi.

Ta ce, "Babu wanda ya tilasta mini. Ni na yi."

Alƙali ya mai da gilashinsa, ya yi rubutu mai tsawo. Ya ce tunda ta amsa da bakinta, kotu ta same ta da laifi, ya yanke mata tara ko zaman gidan yari. Mai gabatar da ƙara ya rufe fayil ɗinsa da sauri, har da ɗan murmushi. Alhaji ya biya tarar a take, wannan kam ya cika alkawari, ya kuma tabbatar duk wanda ke barandar ya ga shi ne ya biya.

A bakin ƙofa Barista Olivia ta tare ta, ranta a ɓace. Ta ce, "Kin san wanda ya ɗauki hoton nan bai zo ba? Ya bar aikin, ba su san ma inda yake ba. Ba su da shaida ko ɗaya, Malama. Da kin yi shiru, da ko gidan ba sai an je ba." Ta ga yadda Safiyyatu ta dafa bango, sai ta yi nadamar faɗa. Ta ce, "Lambata na wurinki. Ko yaushe ne."

A gida aka tarbe ta kamar wadda ta dawo daga Makka. An cire kwaɗon famfo, kwano ya dawo har da naman kaza, Dada ta riƙe hannunta tana sa mata albarka. Hajiya Su'ad ta aiko mata da ƙanƙara ƙulli biyu, kyauta.

Malam Titus bai kira ta ba, ita ma ba ta je ba. Wata malama ce ta kawo mata 'yan kayanta a leda, da kofin shayinta. Bayan salla ta tunkari Alhaji a zaure yana shirin fita, an ba shi daraktan da yake jira, mota ma an canja.

Ta ce, "Yaya, maganar aikin nan."

Ya sosa ƙeya. "Ai na bincika. Matsalar ita ce, gwamnati ba ta ɗaukar wanda kotu ta taɓa kamawa da laifi. Akwai wurin da ake tambaya, kuma kin san ni ba zan sa hannu a ƙarya ba." Ya shiga mota ya ja gilashi.

Ta daɗe tsaye a zauren nan. Ni na gan ta ta tagarmu, ba kuka take ba, kallon bangon mai sabon fenti kawai take yi. Daga ranar ta koma ɗinkin hula a ɗaki. Iyayen da a da ke turo mata yara darasin yamma duk suka janye, in ta fita sayen zare sai ta ja hijabi har goshi.

Da damina ta sauka, kuɗin man janareto ya ishi Alhaji, ya nemi a maido da wuta. Wata safiya ma'aikata suka zo suka kafa sabuwar mita a gurbin tsohuwar, suka tafi. Safiyyatu na ɗaki da allura a hannu Najeeba ta shigo da gudu, fuskarta fal murna.

"Umma, an kawo wuta! Kuma kin san me? Sunana aka sa. Bappa ya ce naki ba zai yiwu ba yanzu, ni kuma na cika sha takwas, na zama babba. Jiya ya karɓi katina. Har message ya shigo wayata."

Allurar ta shige yatsan Safiyyatu, ba ta ji ba. Ta ce, "Kika ba shi?"

"Bappa ne fa, Umma."

Ba a yi sallar azahar ba sai ga ƙarar guduma daga zaure. Safiyyatu ta san wannan ƙarar. Ta ajiye hular, ta ɗauki wayarta ta hannu, ta fito ko takalmi babu. Bobbo na kan tsani yana fasa simintin da shi ya shafa da hannunsa, sabuwar jar waya na naɗe a kafaɗarsa, ya riga ya zura kanta ta ramin.

Ta kunna bidiyo. Ta ɗauki fuskar Bobbo, ta ɗauki lambar mita, ta ɗauki inda wayar ta shiga bango. Sannan ta yi abin da ma'aikata da ɗan sandansu suka kasa, ta ɗaga labule ta shiga sashen Alhaji, don ita ba wanda zai ce mata ba a shiga. Ta bi wayar ta saman ƙofa, ta bi ta jikin bangon falo, har inda ta sauka a bayan firizoji. Hajiya Su'ad na ihu tana kiran Alhaji, shi kuma ya fito daga ɗaki da singileti, ya tsaya a gabanta.

Ya ce, "Ba ni wayar nan."

Ta ɗaga ta saitin fuskarsa, ta ce, "Yaya, gaya wa kotu wayar wa ce wannan ja ɗin."

"Safiyyatu, in abin nan ya fita daga gidan nan, ke ma kin fita."

Dada ta iso tana dogara bango. "Mu za ki tona wa asiri? Bayan duk abin da muka yi miki?"

Safiyyatu ta ce, "Dada, nawa sunan na ba ku, kun cinye. Na yarinyar nan ban bayar ba." Ta lalubo lambar Barista Olivia, ta tura bidiyon, ta tsaya har ta ga ya tafi.

Kafin magariba kayansu na kan kura, katifa da buhun tufafi da kwandon zare, an lulluɓe da leda saboda yayyafi. Wani ɗaki suka samu a Bolari, bayan gareji, wanda ko wayar wuta ba a ja masa ba. Washegari Barista Olivia ta kai Najeeba ofishin kamfanin da bidiyon, aka cire sunanta daga mitar, aka sake zuwa aka ɓalle ta.

Za ku so in ce an kama Alhaji. Ni ma na so. Sau ɗaya aka gan shi ya shiga ofishin kamfanin da babbar rigarsa, ya fito yana dariya da wani, maganar ta mutu a nan. Najeeba ba ta shiga jami'a a shekarar ba. Safiyyatu kuwa har yau in ta wuce ta Federal Low-Cost akwai yaran da ke nuna ta, kuma a takardar kotu ita ce ta saci wutar da ta daskarar da ƙanƙarar Hajiya Su'ad.

Kwanan baya na bi ta ƙofar gidan da safe. An sake shafe ramin, an sake fenti. Dada na zaune a zaure kan tabarma, ita kaɗai, tana jan carbi. Alhaji ya fito zai tafi ofis, ya durƙusa ya gaishe ta da ladabi kamar yadda ya saba. Har ya miƙe sai ya juyo, ya sassauta murya.

Ya ce, "Dada, wai ina katinki na ɗan ƙasa?"